Wagner Moura: yadda ɗan Bahia ya zama "Escobar", da abin da ya raba kan 'yan ƙasarsa a kansa

A watan Mayun 2025 alƙalan bikin fina-finai na Cannes da ke Faransa suka ba Wagner Moura kyautar gwarzon jarumi, kuma shi ne namiji na farko daga Barazil da ya taɓa samun ta. Duk wanda ya kalli Narcos, fim mai dogon zango na Netflix kan Pablo Escobar, ƙasurgumin dillalin ƙwaya na Kolombiya, da ya ga hoton zai ce "ai Escobar ne," wataƙila ma ya ƙara da cewa ɗan Kolombiya ya ciyo kyauta. Kuskure biyu ne suka hau kan juna a nan. Mutumin ba ɗan Kolombiya ba ne, kuma a lokacin da aka ce shi zai fito a matsayin Pablo Escobar bai iya Sifaniyanci ba.

A gida kuwa murnar ba ta game kowa ba. Shugaba Lula ya taya shi murna, amma magoya bayan tsohon shugaba Jair Bolsonaro sun daɗe suna kiransa ɗan gurguzu mai tatsar baitulmali. Abin ɗaure kai shi ne, a shekarar 2007 masu irin wannan ra'ayin ne suka fi kowa son sa, su ne suka haddace maganganunsa na fim suna maimaitawa a kan titi. To me ya faru tsakanin 2007 da yau? Ta wace hanya ɗan wasan kwaikwayo ya zama abin jayayyar siyasa a ƙasa mai mutum sama da miliyan 200?

Me ya sa harshe ya zama magana?

Barazil ita kaɗai ce a Kudancin Amurka da take magana da harshen Fotugis. Asalin abin yarjejeniyar Tordesillas ce ta 1494, inda Sifaniya da Fotugal suka ja layi a taswira suka raba ƙasashen da ba su ma gama gani ba. A 1500 Pedro Álvares Cabral ya sauka a gaɓar da yanzu take cikin jihar Bahia, yankin ya faɗa rabon Fotugal, sauran maƙwabta suka faɗa rabon Sifaniya. Harsunan biyu 'yan uwan juna ne, a rubuce mai jin ɗaya zai tsinci abubuwa da yawa a ɗayan, amma a baki kowa da kiɗansa.

Wannan ya sa harkar fim da talabijin ta Barazil ta zama duniya mai zaman kanta. Jarumi zai iya kai matsayin da ba ya iya shiga kasuwa a Rio de Janeiro saboda cincirindon masoya, ya je Bogota ya yi yawonsa ba wanda ya waiwayo shi. Haka Moura yake kafin 2015.

Garin da ruwa ya ci

An haife shi a Salvador, babban birnin Bahia, ranar 27 ga Yunin 1976. Mahaifinsa sajan ne a rundunar sojan sama. Wani ɓangare na ƙuruciyarsa a Rodelas ya yi shi, ƙaramin gari a bakin kogin São Francisco, cikin busasshiyar ƙasar arewa maso gabas da suke kira sertão. A 1988 aka cika madatsar ruwa ta Itaparica, tsohon garin ya nutse, aka kwashe mutanensa zuwa sabon matsuguni. Yaro ne shi a lokacin, ya ga yadda hukuma take yanke shawara daga nesa gari guda ya ɓace.

Da suka koma Salvador ya shiga wasan dandamali, ya kuma karanta aikin jarida a Jami'ar Tarayya ta Bahia. Ƙofar ta buɗe masa a 2000 da wasan A Máquina na João Falcão, wanda ya yi tare da Lázaro Ramos da Vladimir Brichta. Wasan ya kai su Rio da São Paulo, dukansu uku kuma suka zama manyan taurari. Kada a raina wannan tafiya. A kudu maso gabashin Barazil, inda kuɗi da gidajen talabijin suke, an daɗe ana yi wa ɗan arewa maso gabas kallon baƙauye, ana kwaikwayon karin harshensa don a yi dariya, a fim kuma a ba shi rawar maigadi ko lebura. Samari uku daga Bahia su shigo su karɓi manyan rawa, ba abin da aka saba gani ba ne.

A 2003 ya fito a Carandiru na Hector Babenco, labarin kurkukun São Paulo inda 'yan sanda suka kashe fursunoni 111 ranar 2 ga Oktoban 1992. Ya taka rawar fursunan da ƙwaya ta cinye masa hankali. Tun daga nan za a ga inda ƙafarsa ta dosa: kurkuku, 'yan sanda, ƙwaya, hukuma.

Mece ce novela, kuma me ya sa ba a tsallake ta?

Wanda bai fahimci novela ba, ba zai fahimci shaharar jarumin Barazil ba. Wasan talabijin ne mai dogon zango, amma ba na mako-mako ba. Kullum ake nuna shi daga Litinin zuwa Asabar, wata shida zuwa takwas, babbar cikinsu kuma tana zuwa ne da dare bayan labarai a tashar Globo, wadda aka kafa a 1965. Abin da ya bambanta ta shi ne ana rubuta ta ne tana kan tafiya. Marubuci yana sauraron abin da ake faɗi a motar haya da gidan aski. Idan jama'a suka ƙi wani, sai a rage masa fitowa ko a kashe shi a labarin, idan suka so wani, sai a ƙara masa.

Haka ta faru da Moura a Paraíso Tropical a 2007. An ba shi rawar Olavo Novaes, mugun ma'aikacin kamfani mai neman kujerar shugabanci ta kowace hanya. Shi ne aka tsara a tsana, sai ga shi soyayyarsa da Bebel, rawar da Camila Pitanga ta taka, ta zama abin da mutane suke jira kowane dare.

Sinima ba ta iya yin wannan aikin, domin gidajen kallo a Barazil sun taru ne a manyan kantunan birane, kuma mafi yawan ƙananan hukumomin ƙasar su sama da 5,500 ba su da ko ɗaya. Talabijin kuwa tana kowane ɗaki. Novela ce take ba jarumi albashi da suna, fim kuma ya ba shi daraja a idon masu sharhi. Moura ya karɓi sunan, daga nan bai sake yin novela ba.

Kyaftin Nascimento: ranar da masu kallo suka ƙwace fim daga hannun masu shi

Nan ne ainihin ƙullin maganar yake. A wannan shekarar ta 2007 José Padilha ya fitar da Tropa de Elite, wato zaɓaɓɓiyar runduna. Labarin BOPE ne, rundunar musamman ta 'yan sandan Rio, masu baƙaƙen kaya da tambarin ƙoƙon kai da wuƙa a soke. An kafa labarin a 1997, lokacin da ake shirin ziyarar Fafaroma John Paul na Biyu, aka umarci rundunar ta share wata favela da ke kusa da masaukinsa. Favela ita ce unguwar marasa galihu da aka gina ba tsari, sau da yawa a jikin tsauni, inda hukuma ba ta shiga sai da bindiga, dillalan ƙwaya kuma su ne masu faɗa a ji.

Moura ya fito a matsayin Kyaftin Nascimento, jami'in da ba ya karɓar cin hanci amma yana rufe kan yaro da leda har ya faɗi inda ubangidansa ya ɓoye. Ba ya barci, hannunsa na rawa, aurensa na rushewa, burinsa ya samu magaji ya bar aikin. Kuma shi ne mai ba da labarin, da muryarsa ake jin komai daga farko har ƙarshe.

Tun kafin fim ɗin ya shiga sinima aka sace kwafinsa, masu talla suka baza faya-fayansa a bakin titi, miliyoyin mutane suka kalla a gida. Kalmar da kyaftin yake daka wa kuratan da suka gaza, "pede pra sair", wato ka roƙa a sallame ka, ta shiga bakin kowa, har a filin ƙwallo da ofis. Aka samu gidajen kallo da ake tafi a daidai wurin da ake azabtar da mutum. A ƙasar da take da karin maganar "bandido bom é bandido morto", ma'ana ɗan fashi na gari shi ne matacce, jama'a da yawa sun ga gwarzon da suke nema.

Sai gardama ta kaure. Ɓangare ɗaya, ciki har da masu sharhi na ƙasashen waje, suka ce fim ɗin talla ne ga zaluncin 'yan sanda, wasu ma suka kira shi na 'yan fasist. Padilha da Moura suka ce sam, nufinsu su nuna yadda tsari yake ɗaukar mutum mai gaskiya ya mai da shi azzalumi, kuma nuna abu ba yabonsa ba ne. Suna da abin kafa hujja: Padilha shi ne ya yi fim ɗin gaskiya na Ônibus 174 a 2002, wanda ya bi tarihin yaron titi da ya yi garkuwa da motar fasinja, ya nuna yadda hukuma ta yi watsi da shi tun yana ƙarami. Sannan a Fabrairun 2008 Tropa de Elite ya lashe babbar kyautar bikin Berlin, shugaban alƙalan kuwa Costa-Gavras ne, mutumin da ya yi suna wajen fallasa mulkin danniya a fina-finansa.

A ganina kowane ɓangare ya riƙe rabin gaskiya, amma hujjar niyya ita ce mafi rauni. Idan ka ba azzalumi makirfo shi kaɗai na awa biyu, ka zaɓo masa jarumin da ya iya sa mai kallo ya ji ciwon da yake ji, ka mai da 'yan jami'a masu maganar haƙƙin ɗan Adam abin dariya, ba ka da bakin mamaki idan aka fita ana yabonsa. Ƙwarewar Moura ita ta jawo rikicin. Da jarumi mai rauni ne ya taka rawar, da an tsani Nascimento an wuce wurin.

Kashi na biyu, wanda ya fito a Oktoban 2010, kamar amsa ce ga masu sukar. Nascimento ya zama babban jami'i a ma'aikatar tsaron jiha, ya murƙushe dillalai, sai ya tarar ya share wa wasu fili: milícia, wato gungun 'yan sanda da tsofaffin 'yan sanda da suke kama unguwa, su ɗora wa mazauna harajin tsaro, su mallake cinikin gas da motocin haya da wayar talabijin, a lokacin zaɓe kuma su sayar wa 'yan siyasa ƙuri'un unguwar a dunƙule. Fim ɗin ya sayar da tikiti sama da miliyan 11, ya karya tarihin da wani fim na 1976 ya riƙe shekara talatin da huɗu. Abin da ya nuna kuma ba ƙirƙira ba ce. Ranar 14 ga Maris 2018 aka harbe Marielle Franco, kansila baƙar fata 'yar favela a Rio, tare da direbanta, waɗanda kotu ta samu da laifin harbin kuma tsofaffin 'yan sanda ne. Duk da haka, hoton Nascimento na farko, mai baƙar hula da leda a hannu, shi ya fi zama a zukata.

Escobar: abin da aka biya da abin da aka samu

Padilha ne ya jawo shi cikin Narcos, wanda Netflix ta fara nunawa a Agustan 2015. Moura ya tattara ya koma Medellín, garin Escobar a Kolombiya, watanni kafin a fara ɗauka, ya shiga ajin koyon Sifaniyanci a wata jami'a ta garin, ya ƙara kusan kilo 18 a jikinsa. Duniya ta yaba, har aka sa shi cikin 'yan takarar kyautar Golden Globe. 'Yan Kolombiya kuwa kunnensu bai yarda ba. Mutanen Medellín suna da karin harshe na musamman da kowa ya sani, kuma jin Escobar yana magana da kiɗan Fotugis ya zame musu abin ba'a. Wanda yake karanta fassara a ƙasan allo ba zai taɓa lura ba, shi ya sa har yau ake ɗaukarsa ɗan can.

Ƙorafin da ya fi wannan nauyi na waɗanda aka kashe wa 'yan uwa ne. Escobar shi ne ya sa aka tarwatsa jirgin Avianca a sama ranar 27 ga Nuwamban 1989, mutum 107 da ke ciki suka mutu, a shekarar da aka kashe ɗan takarar shugaban ƙasa Luis Carlos Galán. An harbe Escobar a kan rufin wani gida a Medellín ranar 2 ga Disamban 1993. Bayan Narcos, baƙi suka ƙara yawa a garin suna neman a kai su kabarinsa da gidajensa, ana sayar da riguna masu hotonsa. A Fabrairun 2019 hukumomin birnin suka rushe benen Mónaco da ya zauna a ciki, suka mai da filin wurin tunawa da waɗanda suka mutu.

Abin da ya faru da Nascimento ne ya sake faruwa, wannan karon a gaban duniya. Shi dai Moura ya sha faɗa a fili cewa yaƙin da ake yi da ƙwaya da bindiga ya gaza, kuma talakawan Latin Amurka ne suke biyan kuɗinsa da rayukansu. Saurayin da ya sa hoton Escobar a fuskar wayarsa bai ji wannan bayanin ba.

Marighella, da jinin Hausawa a Bahia

Da Moura ya tashi ba da umarnin fim a karon farko, sai ya zaɓi mutumin da ya san zai tayar da ƙura. Carlos Marighella ɗan Salvador ne kamarsa, an haife shi a 1911. Ɗan gurguzu ne, ya zama ɗan majalisa a 1946, ya sha ɗauri da azaba. Bayan sojoji sun ƙwace mulki a 1964 ya yanke cewa magana ta ƙare, ya kafa ƙungiyar ALN mai ɗauke da makamai, suka riƙa fasa bankuna. A Satumban 1969 mutanensa tare da wata ƙungiya suka sace jakadan Amurka Charles Elbrick, aka musanya shi da fursunonin siyasa 15. Ranar 4 ga Nuwamban wannan shekarar 'yan sanda ƙarƙashin Sérgio Fleury suka yi masa kwanton ɓauna a São Paulo suka kashe shi. Ga wasu gwarzo ne da ya tsaya wa mulkin soja, ga wasu kuma ɗan ta'adda ne da ya rubuta littafin koyar da yaƙin sunƙuru a birni.

Akwai wurin da labarin ya taɓo mu. Mahaifin Marighella baƙo ne daga Italiya, mahaifiyarsa kuwa baƙar fata ce 'yar Bahia, kuma masu rubuta tarihinsa suna danganta asalinta da Hausawan da aka kai can a matsayin bayi. Ba abin mamaki ba ne ga wanda ya san tarihin garin. A farkon ƙarni na 19 jiragen bayi sun sauke Hausawa da yawa a Salvador, da damansu waɗanda aka kama a yaƙe-yaƙen da suka biyo bayan jihadin 1804 aka gangara da su bakin teku. Hukumomin Bahia sun bankaɗo shirin tawayen Hausawa a 1807, aka yi wani boren a 1814, sannan a Janairun 1835, cikin watan azumi, Musulmi bayi da 'yantattu, mafi yawansu Yarabawa tare da Hausawa, suka yi tashin da ake kira boren Malê. Barazil ba ta haramta bauta ba sai a 1888.

Moura ya ba mawaƙi Seu Jorge rawar, mutumin da ya fi Marighella duhun fata sosai. Masu suka suka ce an murɗe tarihi, suka riƙa yaɗa hotunan Marighella don nuna haskensa. Moura ya amsa cewa Marighella jikan bayi ne, kuma baƙar fata ne. Gardamar tana da tushe a yadda Barazil take lissafin launi. A ƙidayar 2022, kashi 45 cikin ɗari sun kira kansu ruwa biyu, kashi 43 farare, kashi 10 baƙaƙe, kuma ƙasar ta daɗe tana haskaka fuskokin manyan mutanenta a littattafan makaranta. Gaskiya ne Seu Jorge bai yi kama da Marighella ba. Gaskiya ne kuma da farin jarumi aka ɗauka, da yawa cikin masu ƙorafin ba za su ce uffan ba.

An fara nuna fim ɗin a Berlin a Fabrairun 2019, mako shida da rantsar da Bolsonaro, tsohon kyaftin ɗin soja wanda a 2016 ya sadaukar da ƙuri'arsa ta tsige Shugaba Dilma Rousseff ga Kanar Ustra, shugaban wata cibiyar azabtarwa ta zamanin soja. Moura ya hau jan kafet riƙe da allon titi mai sunan Marielle Franco. Aka sa ranar fitowa a gida 20 ga Nuwamban 2019, sai hukumar fina-finai ta ƙasa, Ancine, ta ƙi amincewa da buƙatun kamfanin da ya shirya shi, aka soke ranar. Annobar korona ta zo ta ƙara jinkiri. Sai ranar 4 ga Nuwamban 2021, shekara 52 cif da kashe Marighella, 'yan Barazil suka gan shi a sinima.

Shin hana shi aka yi? Hukumar ta ce maganar takardu ce da ƙa'idar lissafi. Moura ya ce takunkumi ne aka saka masa rigar ofis. Babu wanda ya fitar da takardar haramci, wannan gaskiya ne. Amma a Yulin 2019 Bolsonaro da bakinsa ya ce idan ba za a sa wa Ancine matata ba, zai rushe ta. Ma'aikacin da ya ji shugaban ƙasa ya faɗi haka ba ya buƙatar a aiko masa da umarni kafin fayil ya kwana a aljihun tebur.

Kuɗin wa ake yin fim da shi?

Zargin da aka fi jifan Moura da ire-irensa da shi kalma ɗaya ce, "mamata", daga tsotson nono: wai suna tsotsar gwamnati ta hanyar dokar Rouanet. Yawancin masu faɗar haka ba su san yadda dokar take ba. An yi ta a 1991, kuma abin da ta tanada shi ne kamfani zai iya karkatar da har kashi 4 cikin ɗari na harajin ribarsa zuwa wani aikin al'adu da aka amince da shi, mutum ɗaya kuma har kashi 6. Dogayen fina-finan sinima ma ba ta hanyarta ake tallafa musu ba. Suna da tasu dokar ta 1993, da wani asusu da Ancine take kula da shi, wanda akasarin kuɗinsa haraji ne da masana'antar kanta da kamfanonin sadarwa suke biya.

Wannan bai wanke tsarin tas ba. Harajin da aka yafe kuɗin jama'a ne, kuma da yake kamfanoni ne suke zaɓar wanda za su ba, kuɗin sun fi tafiya Rio da São Paulo da hannun waɗanda suka riga suka yi suna. Sukar nan tana da ƙarfi, kuma 'yan arewa maso gabas sun fi kowa yin ta. Sai dai an taɓa gwada janye hannu gaba ɗaya. A 1990 Shugaba Fernando Collor ya rufe Embrafilme, kamfanin fim na gwamnati, cikin shekara biyu fina-finan gida suka kusan ɓacewa daga sinima, sai wajen 1995 harkar ta farfaɗo. Waɗanda suka fara rasa abinci a irin wannan yanayi masu ɗaukar hoto ne da masu haɗa wuta da teloli da direbobi. Jarumin da Netflix take nema yana da wurin zuwa. Bolsonaro ya rushe ma'aikatar al'adu a Janairun 2019, Lula ya dawo da ita a 2023 ya ba mawaƙiya Margareth Menezes, ita ma 'yar Bahia.

Me ya kai su 1977 a yanzu?

Bayan Elysium a 2013, da Sergio a 2020 inda ya fito a matsayin jami'in Majalisar Ɗinkin Duniya Sérgio Vieira de Mello da bam ya kashe a Bagadaza a 2003, da Civil War a 2024, Moura ya shafe fiye da shekara goma bai fito a matsayin babban jarumi a fim da harshen uwarsa ba. O Agente Secreto na Kleber Mendonça Filho ne ya dawo da shi, kuma shi ya ba shi kyautar Cannes, Kleber ɗin ma ya samu ta gwarzon mai ba da umarni. Sunan yana nufin ɗan leƙen asiri, amma jarumin malamin jami'a ne da ya saɓa da wani mai ƙarfi a zamanin soja, ya gudu Recife a 1977 da sunan aro, 'yan kisan haya na bin sawunsa. Wannan karon ba shi ne mai riƙe da bindiga ba.

Watanni biyu kafin nan, a Maris 2025, Ainda Estou Aqui na Walter Salles ya ciyo wa Barazil kyautar Oscar ta farko a rukunin fim ɗin ƙasashen waje. Labarin iyalin Rubens Paiva ne, tsohon ɗan majalisar da jami'an soja suka ɗauke daga gidansa a Janairun 1971, ba a sake ganinsa ba. Fina-finai biyu a jere kan zamani ɗaya ba haɗuwar sa'a ba ce. Sojoji sun mulki Barazil daga 1964 zuwa 1985, kuma kafin su sauka sun yi dokar afuwa ta 1979 da ta rufe laifin masu azabtarwa. Ajantina ta gurfanar da janar-janar ɗinta a 1985, Barazil ba ta yi ba. Kwamitin gaskiya na ƙasa ya lissafa mutum 434 da aka kashe ko aka ɓatar a rahotonsa na Disamban 2014, ba wanda ya shiga kurkuku a kan haka. Sai ga 8 ga Janairun 2023, magoya bayan Bolsonaro suka afka wa majalisa da kotun ƙoli da fadar shugaban ƙasa a Brasília suna kiran sojoji su karɓi mulki. A Satumban 2025 kotun ƙoli ta yanke wa Bolsonaro ɗaurin fiye da shekara 27 kan yunƙurin juyin mulki.

Ga talakan Barazil maganar ba ta tsaya a allo ba. Rundunonin 'yan sandan jihohi masu tsarin soja, irin wanda BOPE ta fito daga ciki, sun samu siffarsu ta yanzu a zamanin mulkin soja, kuma 'yan sandan ƙasar suna kashe sama da mutum 6,000 a shekara, mafi yawansu samari baƙaƙen fata daga unguwannin talakawa. A Jacarezinho kaɗai, wani samame na Mayun 2021 ya ci rai 28. Uwar da take zaune a irin wannan unguwa tana tsoron dillali, tana tsoron milícia, tana tsoron motar sulke, kuma ɗanta ne ake gardamar ko ya cancanci shari'a ko leda.

Iyalan waɗanda aka ɓatar kuwa sun fara ganin wani motsi. A Disamban 2024 majalisar kula da shari'a ta ƙasa ta ba da umarnin a gyara takardun mutuwar waɗanda mulkin soja ya kashe, a Janairun 2025 aka sake rubuta ta Rubens Paiva, ta nuna cewa mutuwa ce ta ƙarfi da gwamnatin Barazil ta haddasa. A Fabrairu kotun ƙoli ta amince ta duba ko afuwar 1979 ta shafi laifin ɓoye gawa, tunda gawar da ba a fito da ita ba har yau a ɓoye take. A fim ɗin da ya ba Moura kyautar Cannes, malamin da ya gudu Recife ya samu aiki a ofishin katin shaida, kuma duk lokacin da ya samu sarari sai ya shiga ɗakin ajiya yana bincika tsofaffin fayiloli, yana neman takarda ɗaya mai ɗauke da sunan mahaifiyarsa.